Ludayi a Rumfar Yaya Sule

Tun da na dawo daga Damagaram ta Nijar ban sha shayi da daɗin rai ba a majalisarmu ta Ƙofar Wambai. Da na zauna sai wani ya gyara zama ya ce, "To Malam Adamu, yaya ƙasar Faransa?" Malam Bala mai faci har cewa ya yi wai tun da na taka ƙasar waje na koyi tafiya da yanga, alhali ciwon baya ne motar Daura ta bar mini. Na gaji da ba da labarin gutsi-gutsi, kowa ya ɗauki nasa ya ƙara masa gishiri. Shi ya sa na zauna na rubuta shi gaba ɗaya, duk wanda ya sake tambayata in miƙa masa takarda ya karanta da kansa.

Ba yawon buɗe ido na je ba. Yayana na je nema, Yaya Sule, ɗan farin mahaifiyarmu, wanda ya bar Bauchi fiye da shekara ashirin.

Yaran yanzu ba su san gidan ful ba. A da akwai su birjik a Bayan Gari. Caca ce a kan ƙwallon Ingila, ana ba ka doguwar takarda mai layi-layi ka zaɓi wasannin da kake zaton za a tashi canjaras. Ba a ɓoye ake yi ba, har da lasisin gwamnati a jikin bango. Injin caca na kalo-kalo ne soja suka hana tun muna yara, amma ful aka bar shi. A irin wannan gida Yaya Sule ya sami aikin akawu, don Allah ya ba shi rubutu mai kyau kamar na ɗab'i. Baba kuwa na'ibin limamin unguwa ne, yana zaton ɗansa a kamfanin motoci yake aiki. Ranar da takardun ful suka shiga hannun Baba gaskiya ta fito, ya sa aka fitar da buhun shinkafar da Yaya ya kawo aka ajiye a ƙofar gida, ya ce ko ƙwaya ɗaya ta kuɗin caca ba za ta ƙara shiga tukunyarsa ba. Ba a daɗe ba aka ƙaddamar da shari'a, aka rufe gidajen ful, Yaya ya tattara 'yan komatsansa ya yi arewa.

Baba ya rasu ba su shirya ba. Duk Sallah Yaya yakan aiko da kaya ta hannun direbobi, duk Sallah Inna takan ce a mayar. Ba ta taɓa buɗe ƙullin ba ma. Maganar mijinta ce, mutuwarsa kuma ba ta goge ta ba.

Bana jiki ya ƙi wa Inna. Ƙafa ta kumbura, ido ya yi rauni, abinci sai ta ɗan taɓa ta ture. Wata safiya na je gaishe ta, muka gama gaisuwa, na yunƙura zan tashi, sai ta ce, tana kallon bango, "Wai shi mutumin nan, hanya ce ta ɓace masa?"

Inna ba ta taɓa faɗin sunan Yaya ba tun da ta haife shi, kunyar ɗan fari. Ko zancensa ake yi tashi take ta ba da wuri. Don haka da na ji wannan magana sai na san ba ƙaramin abu ne ya fito da ita ba. Ƙanwarmu Hauwa ce kaɗai ke da lambarsa. Ta buga masa sau uku, sau uku yana cewa in sha Allahu, irin in sha Allahun da kowa ya san ma'anarta. Na ɗauki hutu a makarantar firamaren da nake koyarwa, na ce da ƙafata zan je, kuma kada a gaya masa.

Daga Bauchi na hau motar Kano da sassafe. Kusa da ni wani mutum ne mai shadda fes, da ganinsa ma'aikacin gwamnati ne, zai yi shekara arba'in da wani abu. Tun daga tasha yatsansa ke kan waya. Muna wuce Ningi ya dubi gemuna ya ce, "Malam, ku kuna da sa'a. Don Allah taɓa mini ɗaya a cikin ƙungiyoyin nan biyu."

Na ce, "Taɓa maka me?"

Ya ce, "Bet ne, Malam. Ɗan na cefane kawai."

Kun san halina. Na buɗe masa wuta daga Ningi har Birnin Kudu, aya da hadisi, ban ko sha ruwa ba. Bawan Allah yana ta "Haka ne, Malam, Allah ya shirye mu," yatsan kuwa bai daina motsi ba. Da na gaji na yi shiru sai abin ya tsaya mini a rai. Mun rufe gidajen caca mun yi kabbara, ashe aljihu ta koma, har tana bin mutum masallaci. A Wudil ya saya mini rake, na karɓa na sha, sai da na zubar da ɓawon na tuna ban tambayi da kuɗin me ya saya ba.

A Kano na sauya mota zuwa Daura. Mutum huɗu aka danna a baya, ni a tsakiya, ƙarfen kujera yana cin bayana. A wannan mota na haɗu da Alhaji Mamman, wani dattijo ɗan Damagaram mai fataucin fatu, siriri, mai yawan dariya. Da ya ji inda za ni ya ce, "Ai ka zama baƙona." Na ɗauka irin maganar mota ce, ashe da gaske yake.

A kan iyaka, wajen Kwangwalam, na yi abin kunya. Aka ce kowa ya fito da katinsa da takardar allura. Ni kuwa don tsananin tsoron kada su ɓace, na cusa su can ƙasan jakata, jakar kuma direba ya danne ta a but ɗin mota da buhunan garin rogo shida. Sai da aka sauke kayan motar kaf a rana. Fasinjoji suka yi ta Allah ya isa a ciki-ciki, wata tsohuwa kuwa a fili ta yi tata. Jandarman da ya karɓi takarduna ya juya su, ya dube ni ya ce da Hausa tsantsa, "Malamin makaranta ne kai? To a makarantarku ba a koyar da aljihu?" Kowa ya fashe da dariya har da ni.

Daga nan hanya ta miƙe ta Matamai. Abin da ya fara ba ni mamaki shi ne ban ji na bar gida ba. Hausa ce, sallama ce, fura ce, sai dai allunan hanya da Faransanci, da burodinsu dogo kamar sanda. Na saya ɗaya don marmari, na gatsa, haƙorina na gefe ya ce bai yarda ba. Alhaji Mamman ya ce a shayi ake tsoma shi. Na ce a Bauchi abin da sai an jiƙa kafin a ci ƙanzo muke ce masa.

Mun shiga Damagaram ana kiran la'asar. Alhaji ya kai ni gidansa a Zango, ya ba ni ɗakin zaure da tabarma sabuwa. Aka kawo dambu da zogale, an ji mai da yaji, na ci har na ji kunya. Sannan aka ɗora shayi a kan gawayi. Na sha ɗan kofi ɗaya, ɗaci kamar maɗaci, na yi godiya na miƙe. Alhaji ya kama bakin rigata ya ce, "Ina za ka? Ai uku ake sha. Wanda ya tashi a na fari, fushi yake da mai gida." Na koma na zauna. Na biyu ya fi sauƙi, na uku kuwa har na so a yi na huɗu.

Da gari ya waye na nufi Kasuwar Dole, don Hauwa ta ce a wajen nan Yaya yake aiki, ba ta dai san wane aiki ba. Ina son in sayi katin waya in gaya mata na sauka lafiya. Sai na hangi wata rumfar katako an yi mata fenti tsaf, da 'yar taga, da layin mutane. Ba 'yan iska ba ne, dattawa ne masu rawani da tabarau, kowa da takarda da biro yana nazari kamar mai shirin jarrabawa. Na ce a raina, nan wurin mutunci ne, na shiga layi da kuɗina a hannu.

Saura mutum biyu in kai taga, wani tsoho a bayana ya taɓa kafaɗata ya ce, "Malam, wane doki ka ɗauka yau?"

Na ce, "Doki kuma? Ni a mota na zo."

Ya leƙa fuskata ya ce, "Kai baƙo ne. Nan ai cacar doki ake yanka."

Na yi tsalle na fita daga layin kamar na taka garwashi, ina ta a'uzubillahi. Ni Adamu, da na yi wa mutum wa'azi daga Ningi har Birnin Kudu, ga ni a layin caca da kuɗi a hannu. Tsohon ya biyo ni yana dariya, ya bar layinsa, ya yi mini bayani. Wai dawakan a can ƙasar Faransa suke tsere. Ana buga sunayensu da lambobinsu a takarda kullum, mutum ya zaɓi waɗanda za su zo gaba, ya biya, a ba shi tikiti, da yamma a ji sakamako a rediyo. Kamfanin na gwamnati ne, ita ke ba da rumfa, ita ke ɗaukar kasonta. Na ce, "Baba, ka taɓa ganin dokin da kake zuba wa kuɗi?" Ya ce, "Ina fa. Amma na san uwarsa da ubansa, na san ba ya son ƙasa mai laka." Na tambaye shi jikokinsa nawa, sai da ya tsaya ya yi tunani.

Na ce ina neman wani Sule mutumin Bauchi. Ya ce, "Sule Mai Ludayi? Ga rumfarsa can gindin bedi, dogon yaro da kuke cewa. Ni ba na zuwa wurinsa, ya cika sa ido."

Na nufi rumfar. Duk hanya ina ta zana shi a raina cikin tsumma, ya lalace, don haka muke zana ɗan caca. Sai na tarar da dattijo mai furfura, da riga wankakkiya, da tabarau a kan hanci, yana rubutu. Kamannin Baba sak, har yadda yake karkatar da kai. Na tsaya gefen taga. Ya ɗago, ya dube ni, biron ya faɗi.

Ya ce, "Ado." Babu mai kirana haka yanzu. Sannan fuskarsa ta canza, ya dafe katako ya ce, "Inna?"

Na ce, "Tana nan, Yaya. Tana nan da ranta."

Ya sauke numfashi, ya cire tabarau ya goge ido da hannun riga. Ya buɗe mini 'yar ƙofar baya ya ce in shigo daga rana. Na so in ce ba na shiga rumfar caca, amma ranar Damagaram ba ta san wa'azi ba. Na shiga na zauna a kan benci a bayansa.

Daga nan ne na ga abin da masu layi ba sa gani. A ƙarƙashin taga, inda gwiwarsa take, an kafa ƙusoshi, an rataye ludayi guda biyar. Na duma ne duka, tsofaffi, wani an ɗinke shi da zare, wani an ƙona masa alama a mariƙi. Ban tambaya ba, na zuba ido.

Can sai ga wani mutum ya iso taga, ƙato, da gumi, da bulalar amalanke a kafaɗa. Yaya ya ce, "Isufu, an tashi lafiya?" Mutumin ya amsa, ya turo kuɗi da takardar da ya rubuta lambobi. Yaya bai taɓa kuɗin ba. Ya sunkuya ya zaro ludayin nan mai ɗinki, ya ɗora a kan katako, ya rufe rabinsa da tafin hannu yadda na baya ba zai gani ba. Isufu ya dubi ludayin. Sannan ya janye kuɗinsa, ya ɗauki ludayin ya tura cikin riga, ya ce a hankali, "Sai an jima, Malam Sule." Ya bi hanyar 'yan hatsi.

Da layi ya yi sauƙi Yaya ya ba ni labari. Shekarun baya wata mata ta zo cikin fushi, mijinta yana tsaye a taga, ta wurgo ludayi ciki ta ce a ba shi ya sha dokin da shi, tunda kwana biyu ba a ɗora tukunya ba. Mijin ya ji kunyar da har ya bar unguwar. Yaya ya ce abin ya dame shi, don tona asiri ba ya gyara gida. Sai ya gaya wa matarsa Rabi ta sanar da mata cewa duk wadda aka kwana ba a hura wuta a gidanta ba, kada ta zo ta yi faɗa, ta dai aiko da ludayinta ta hannun Rabi. Kowane namiji ya san ludayin gidansa. In ya gani, ba sai an ce masa komai ba.

Ya nuna mini takardar doka da ke manne a bango. Ba a sayar wa yaro, ga lokacin buɗewa, ga lokacin rufewa, ga hatimi. Ya ce, "Ado, wannan takarda ta tambayi shekarun mutum, amma ba ta tambaya ko an ci abinci a gidansa ba. Shi ne na ƙara tawa."

Na ce, "To in ya ga ludayin ya wuce rumfar gaba fa?"

Ya ce, "Wasu suna wucewa. Wasu sun daina gaishe ni. Mai duba mu ma kullum cikin ƙorafi yake, wai rumfata ce ta baya a ciniki. Amma wasu suna komawa gida."

Ba zan yi muku ƙarya ba, raina ya rabu biyu. Na ce masa, "Yaya, kai ke riƙe da wuƙar, kai ke ɗaure ciwon." Ya ce ya sani. Ya ce tun yana saurayi wannan aikin kaɗai ya iya, kuma in ya tashi wani za a sa, wanda ko tukunya aka kawo masa ba zai ɗaga kai ba. Har yau ban yarda wannan hujja ce ba, caca dai haramun ce ko da hatimin wa. Amma na kasa yi masa irin wa'azin da na yi wa mutumin mota.

Da yamma ya kai ni gidansa a Birni, ɗaki biyu da 'yar rumfa. Rabi mace ce mai faran-faran, tun daga ƙofa ta fara tsokanata wai ƙanin miji ya zo ba ko goro. Ta kawo tuwon gero da miyar kuka. Na wanke hannu, na miƙa, sai hannun ya tsaya a sama shi kaɗai. Wallahi ban yi niyya ba, maganar Baba ce ta taso mini. Rabi ta gani. Ta yi murmushin da bai kai ido ba ta ce, "Ci abinka, Malam. Geron gonar babana ne, kukar ma ta bayan gidanmu ce." Ban taɓa jin kunya irin ta wannan rana ba. Na sa hannu na ci.

Bayan ta kwashe kwanuka na ce, "Yaya, akwai abin da ban taɓa gaya maka ba. Takardun ful ɗin nan da Baba ya gani, ba tsintar su ya yi ba. Ni na ciro su daga aljihunka na kai masa."

Ya ce, "Na sani."

Na ce, "Ka sani?"

Ya ce, "Kai kaɗai ke wanke mini riga. Ai tun ranar na sani. Yaro ne kai, an koya maka abu ka yi aiki da shi. Ban taɓa riƙe ka ba, Ado."

Shekara ashirin da ɗoriya ina ɗauke da wannan abu a ƙirji, ya sauke mini shi da magana uku. Sai hawaye ya zubo mini. Da na natsu na ce to ya shirya mu tafi, Inna ba ta da lafiya.

Ya girgiza kai ya ce, "In je da me? Mutum ya yi shekara ashirin ya shiga ɗakin uwarsa hannu rabbana? In kuma na kai wani abu, ka san abin da za ta ce. Duk shekara kayana suna dawowa ko kwancewa ba a yi ba. Wannan na iya jure shi, Ado, kaya ne. Amma in na je da kaina ta ce a mayar, ban san inda zan sa kaina ba."

Nan zuciyata ta tashi, na fara ɗaga murya, na ce girman kai ne, na ce in ta mutu bai gan ta ba kamar yadda Baba ya mutu, kada ya kuka da kowa. Ya sunkuyar da kai. Da na ga faɗa ba ya ci, sai na gaya masa gaskiyar abin da ya taso ni. Na faɗa masa yadda ta juya ga bango, da kalmomin da ta faɗa, ɗaya bayan ɗaya, ban ƙara ban rage ba.

Ya ce, "Ita ta faɗa? Da bakinta?"

Na ce, "Da bakinta."

Ya tashi ya shiga ɗaki. Ya daɗe. Da ya fito idonsa ja wur, ya ce wa Rabi, "Gobe ki mayar wa kowa da ludayinta. Ki ce zan rufe rumfa kwana biyu, zan je duba mahaifiyata." Ni kuma ya ce mini zai tafi haka nan, ba tsaraba, abin da Allah ya yi shi ke nan.

Kashegari ya je neman izini wurin aiki, Rabi ta zaga gidaje. Tun kafin azahar aka fara sallama a ƙofa. Mata ne, wasu da lulluɓi har ƙasa, ba sa ko shigowa, sai su miƙa wa Rabi ƙulli su juya. Wata ta kawo dabino a ƙwarya, wata cuku na busasshen nono guda uku a ganye, wata busasshen zogale, wata 'yar tabarmar sallah da ta saƙa da hannunta. Matar Isufu mai amalanke ƙwai biyar ta kawo na zabinta, ta ce wa Rabi, "A gaida tsohuwa. A ce mata mun gode da ta haife shi." Ina zaune a rumfa ina ji. Da Yaya ya dawo ya ga kayan a tsakar gida, ya tsaya kawai yana kallo, Rabi tana gaya masa wannan daga gidan wane, wannan daga gidan wane.

Dawowarmu ba ta da labari mai yawa. Alhaji Mamman ya raka mu tasha, ya ƙara mini burodin nan biyu don tsokana. A kan iyaka katina yana aljihun gaba, har na miƙa shi tun ba a tambaya ba. Ƙwai biyar ɗin nan kuwa Yaya a hularsa ya sa su ya rungume a cinya daga Damagaram har Bauchi, huɗu suka iso. Da muka shigo gari bai gane komai ba, yana ta tambaya ina gidan wane, ina bishiyar da ke nan. Muka hau keke napep ta unguwar Ɗan Iya, da muka kusa unguwa ya ce a sauke mu, yana so ya ƙarasa da ƙafa. A ƙofar gida ya tsaya daidai inda aka taɓa ajiye buhunsa, sai da na riƙe hannunsa.

Inna tana zaune a kan gado, Hauwa na gefenta. Muka yi sallama, Yaya ya durƙusa tun daga bakin ƙofa. Inna ta ji muryar. Ta juya fuska ga bango, ta ja mayafi, ta ce, "Adamu, kun zo lafiya? Ya hanya?" Ni take tambaya, ba shi ba.

Na jawo jakar na ajiye a gabanta. Ta shafa ta ce, "Wannan fa?"

Yaya ya dube ni. Sai na ce, "Inna, tsaraba ce, amma ba saye ya yi ba." Na ba ta labarin ludayi tun daga farko, da matan da suka yi ta sallama a ƙofa, da saƙon matar Isufu. Ban ɓoye mata aikin da yake yi ba, ban kuma gyara shi ba.

Ta sake shafa jakar. Can ta ce, "Ka gani da idonka, ko gaya maka aka yi?"

Na ce, "Da idona, Inna."

Ta sa hannu cikin jakar tana lalube, ta ciro dabino ɗaya. Busasshe ne, ita kuwa ba haƙori. Ta sa shi a baki tana tsotsa a hankali, fuskarta na bango, hawaye na bin kuncinta ba ta share ba. Yaya ya kifa goshinsa a ƙasa, kafaɗunsa suna girgiza. Can ta cire ƙwallon ta riƙe a hannu.

Sannan ta ce, "Hauwa, ɗauko akushin babanku a saman sif. Ki wanke shi, ki zuba wa yayanku tuwo."